Rantsuwar Khamisu Mai Taki

Duk wanda ya saba bin hanyar Gezawa zuwa birni da rani ya san motar Khamisu, ko da bai san Khamisun ba. Tsohuwar a-kori-kura ce, da can fara, yanzu kuwa ita da ƙasar hanya ba ka bambancewa. Hancinka ne ke fara gaya maka tana tafe, sannan kunne, sannan ido. Taki take ɗauka. Abin da mutanen birni suka share suka zubar suna toshe hanci, toka da kashin awaki da na kaji da abin da mahauta ke fitarwa daga tumbin shanu a kwata, shi Khamisu ke lodawa ya kawo mana Ɗorawar Liman, mu kuma mu tarbe shi kamar wanda ya dawo da tsarabar Makka.

Kada wanda bai san ƙasarmu ba ya yi dariya. Mu nan gona ba ta hutawa. Daga bayan katangar wannan sai gonar wancan, babu daji, babu saura, gonar da kakanka ya noma ita jikanka zai noma, kuma kowace shekara ana so ta ba da gero da wake. Ƙasar da ake tatsa haka in ba a ciyar da ita ba yashi take komawa. Takin zamani kuwa ya yi tsadar da sai dai mu gan shi a shago mu gaishe shi mu wuce. Shi ya sa mutum irin Khamisu ya fi mana wasu masu manyan riguna amfani, ban dai kama sunan kowa ba.

Ni gwaggonsa ce, Jumma. Ubansa marigayi Lawan shi nake bi, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma ina tsaye aka yanke wa Khamisu cibi. Tun yana yaro ba shi da baki. Sai ka yi masa tambaya da hantsi ya ba ka amsa da azahar, amma amsar in ta zo ba ta sauyawa. Da jaki ya fara, yana bin ubansa gefen birni da mangala, su ciko su dawo a ƙasa. Da ya isa aure aka ba shi Zulfa, 'yar wani mahauci a kasuwar Gezawa, yarinya mai kiwon raguna, wadda Allah Ya ba ta duk maganar da Ya hana mijinta. Mutane suka ce ba za su zauna ba. Ga su nan har da jikoki. Ita ke magana, shi ke gyaɗa kai, in ya ƙi gyaɗawa ta san an zo iyaka.

Motar ma tare suka saye ta. Wata Babbar Salla raguna suka yi daraja, Zulfa ta sayar da nata kaf, shi ya sayar da jakunansa, aka haɗa aka kawo wannan gwangwani. Ranar da ya shigo da ita gari ya ture katangar zaurena da baya, har yau gyaran da ya yi mini a karkace yake. Amma ya koya. Shekara da shekaru yana yi, rani ya kai taki, kaka ya kwaso amfanin gona, mai naƙuda in ta tsananta a wanke bayan motar a shimfiɗa tabarma a kai ta asibiti. Kuma da yake tafiya birni fanko yake yi, duk mai kaya sai ya ɗora masa, buhun gyaɗa ne, akuya ce, tsohuwa ce irina. Khamisu bai iya cewa a'a ba, bai kuma iya tambayar mutum me ke cikin buhunsa ba. A wurinsa wannan rashin kunya ne.

Akwai kuma abu ɗaya da ya gada wanda da an tambaye ni da na ce a binne shi tare da masu shi. Gidanmu ba a rantsuwa. Ba irin wallahin da ake yayyafawa a kasuwa nake nufi ba, ko da yake wannan ma Khamisu ba ya yi. Rantsuwar gaban alƙali nake nufi, wadda ake alwala a dafa Alƙur'ani. Asalin abin, babanmu ya taɓa jayayya da wani mutumin Jogana a kan jaki, ya rantse, alƙali ya ba shi. Kafin kaka ta zagayo rumbunsa ya ƙone ƙurmus, jakin kuma ya mutu. Sai ya tara 'ya'yansa maza ya ce duk wanda ya fito daga tsatsonsa kada ya kuskura ya rantse a kan abin duniya, ko da gaskiyarsa, gara ya bar wa mutum a haɗu a lahira. Lawan ya riƙe maganar nan, ya damƙa wa Khamisu kamar gona. Mu mata ba a kira mu taron ba. Amma ni ce mai ba jakin nan dusa, kuma na san duk ranar da aka kwance shi hanyar Jogana yake miƙewa ba waiwaye.

To, bana ana tsakiyar kai taki, zafin bazara ya fara dafa mutane, sai ga wani Badaru, ɗan kasuwa da ya kama shago a bakin titi bai daɗe ba. Ya zo da sassafe da buhuna a kurar shanu, ya ce masara ce za a kai masa birni. Zulfa tana daga cikin zaure ta ce ya sayar mata da kwano biyu ta yi tuwo, ya yi dariya ya ce an riga an ɗinke an auna. Khamisu ya loda, Badaru ya shiga gaba, suka tafi. Kafin su shiga birni suka tarar da shingen jami'an da ke binciken kayan da aka hana shigowa da su ta iyaka. Ɗaya ya soka wani ƙarfe mai tsini a buhu, sai ga shinkafa 'yar waje tana zuba, dogaye farare tas. Badaru ya ce bari ya kama ruwa bayan kukar can. Har yanzu yana kamawa.

Khamisu dai dagaci ya je ya karɓo shi, don ko jami'an sun ga alamar mutumin da aka yi wa wayo. Motar kuwa aka kai ta harabar ofishinsu a birni aka ja ƙofa. Bayan kwanaki aka sanar da shi hukuma ta kai magana kotu tana neman a mallaka mata motar, a yi gwanjonta, tunda da ita aka ɗauko kayan.

Ban taɓa ganin mutum ya rame da sauri haka ba. Ya ari jakin maƙwabci ya koma mangala, abin da mota ke kawowa sau ɗaya sai ya yi mako yana ja. Ranar da ba shi da aiki ya hau motar haya ya tafi birni, ya tsaya bakin ƙofar ofishin nan yana leƙen motarsa ta ramin ƙofa kamar mai dubiya a asibiti. Ya dawo ya ce wa Zulfa tayar baya ta sace. Ya sake dawowa ya ce ta gaba ma. Manoman da suka saba da shi suka jira, suka gaji, wasu suka kira mai tifa daga Gezawa, ya juye musu rabi leda rabi fasassun kwalabe. Ni gonata tana nan fayau kamar tafin hannu.

Zulfa ce ta nemo hanya. Akwai Alhaji Uwais, dillalin dabbobi da ke sayen ragunanta, yana zaune Rijiyar Zaki, 'yarsa Hussaina lauya ce. Muka ɗunguma mu uku, ni da ita da Khamisu, don na san in aka bar shi shi kaɗai gaisuwa zai yi ya dawo. Hussaina yarinya ce siririya mai gilashi, ta zaunar da mu ta ba mu ruwan sanyi, ta saurari Zulfa har ƙarshe, wanda ba kowa ke iyawa ba. Sannan ta yi mana bayani da Hausar da ko ni na gane. Ta ce babbar shari'ar, wadda za ta ce motar ta gwamnati ce ko ta Khamisu, tana iya wuce damina, tana iya wuce damina biyu, kuma in bai shiga ya kare kansa ba sai a yanke babu shi. Amma akwai ƙaramin roƙo da ake yi tun yanzu: a ce wa mai shari'a motar nan ita ce abincin mutumin nan, tana can tana ruɓewa a rana, a ba shi ita ya riƙe amana yana aiki, in an gama shari'a duk wanda ya ci ya ɗauka. Ana buƙatar mai tsaya masa, mutum mai gida a birni, kuma babanta ya ce zai tsaya. Ana buƙatar ya yi alkawarin ba zai sayar ba, ba zai sauya mata kama ba, zai kawo ta duk ranar da aka nema. Khamisu yana ta gyaɗa kai, har fuskarsa ta fara sakewa. Sai ta ce abu na ƙarshe, zai je ofishin rantsuwa na kotu ya rantse cewa motar tasa ce kuma bai san abin da ke cikin buhunan ba.

Sai na ga yana laluben takalminsa da ƙafa.

Zulfa ta yi mata bayanin gidanmu. Hussaina ba ta yi dariya ba, Allah Ya yi mata albarka, ta ce doka ta yarda wanda ba ya son dafa Littafi ya ɗaga hannu kawai ya ce ya tabbatar. Sai Khamisu ya ce:

"Ranki ya daɗe, hannun da zan ɗaga, wa zan ɗaga wa? Ai Shi ɗin ne dai. Rantsuwa ce aka sauya mata riga."

Ya yi godiya ya fita. Muna sa takalma Hussaina ta ce mana a hankali, ba lalle sai shi ba, duk wanda ya san maganar da idonsa da kunnensa yana iya rantsewa a kai, ko da yake ta mai motar ta fi ƙarfi. Na ajiye wannan a bakin zanena.

A gida babu wanda bai yi masa magana ba. Liman ya zo har zaure ya ce rantsuwa a kan gaskiya halal ce, wadda ke cin mutum ita ce ta ƙarya. Khamisu ya ce haka ne, Allah gafarta Malam, ya raka shi har bakin hanya, ya dawo bai sauya ba. Dagaci ya yi nasa. Ni kuma da na ga abin ya ƙi, na kira shi ɗakina na ba shi labarin jakin nan tun daga kunne har wutsiya, na ce kakanka ba rantsuwa ce ta ƙone masa rumbu ba, jakin mutane ne. Ya sunkuyar da kai ya ce, Gwaggo, a bar mamaci ya kwanta. Na ce ai shi ne bai bar mu mun kwanta ba. Ya ce ko ma yaya ne, shi Babansa Lawan ya riƙe hannunsa ya karɓi alkawari, kuma bai ga yadda zai je ya tsaya gaban Baba gobe ya ce ya karya saboda ƙarfe ba. In motar rabonsa ce za ta dawo. Na ce da ƙafarta za ta dawo, tayoyin ma sun sace?

Gabas ta fara haɗa gajimare da yamma. Masu gaggawa sun fara binne iri a busasshiyar ƙasa. Sai na tafi wurin Zulfa na same ta tana yanka wa raguna harawa, na ce ke, ragunan wa aka sayar aka sayi motar nan? Ta ce nawa. Na ce wa Badaru ya ce wa masara ce, har ya hana kwano biyu? Ta ce ni. Na ce to me kike jira? Ita ba jinin gidanmu ba ce, babanmu bai riƙe hannunta ba, mahauta kuwa ban taɓa jin suna tsoron faɗin gaskiya da ƙarfi ba. Da Khamisu ya dawo ta gaya masa za ta je ta rantse. Ya yi shiru. Ta ce shirun nan ta ɗauke shi izini. Washegari har na ji shi yana 'yar waƙa yana ɗaure wa jaki mangala, wai an sami mafita, alkawarin Baba bai karye ba, mota kuma za ta fito.

Mutane suna cewa abin da ya biyo baya ni na kitsa. Ni dai hira na yi. Na je gidan da hantsi Khamisu yana zaune a tsakar gida yana gyaran igiya, na zauna kusa da Zulfa, na ɗaga murya yadda kurma ma zai ji, na ce ta yi dabara ta kwashe kayan ɗakinta ta kai nawa kafin ranar, don wuta ba ta sallama. Na ce in kuma abin a jiki ya sauka, tunkiyar nan mai baƙin kunne ni za ta bar wa, ta faɗa yanzu gaban shaida. Zulfa ta gane, ta ce ai Gwaggo tunkiya taki ce, sai dai ki riƙa leƙa Malam, ba ya cin tuwon da ya kwana. Na juya na ce masa ya yi hikima, ubansa bai haifi wawa ba, abin da namiji ke tsoro ai mace ake turawa ta taɓa a gani. Igiyar dai na ga ya kwance abin da ya ƙulla ya sake ƙullawa, ya sake kwancewa. Waƙa kuwa ba a ƙara ji ba.

Ranar da Hussaina ta sa mana, muka tafi kotu. Ni na zaci wani babban zaure ne mai dogarai. Ashe ɗan ɗaki ne a ƙarshen baranda, da tebur da fanka mai kuka, da wani dattijo mai furfura a gemu yana zaune, mutane sun yi layi kamar masu awon hatsi. Zulfa ta ɗauki buta ta je famfo ta yi alwala, ta dawo tana gyara mayafi, ko gezau. Khamisu yana tsaye jikin bango, rigarsa ta jiƙe sharkaf. Da layi ya zo kanmu dattijon ya sauko da Alƙur'ani daga kan kanta, naɗe cikin kyalle kore, ya ajiye, ya tambayi wace ce Zulfa. Ta matsa. Ta miƙa hannu.

"Tsaya," in ji Khamisu. "Ba ni butar."

Zulfa ta ce, Malam, ai an gama magana. Ya ce ba a gama ba.

"In abin nan yana cin mutum, ni zai ci. Ban auro ki don ki tare mini wuta ba."

Ya karɓi buta ya fita. Alwalar da ya yi ta isa mutum uku, har na fara tunanin ko ya bi sawun Badaru. Sai ga shi, gemu na ɗiga. Na dubi Hussaina ina tunanin yanzu sai an koma an sake rubutu, sai ta buɗe jaka ta zaro wata takardar da sunansa a kai, ta ce tun farko biyu ta shirya. Yarinyar nan za ta yi nisa.

Dattijon ya karanta masa abin da aka rubuta, yana juya masa da Hausa. Motar tasa ce, haka ne. Taki yake ɗauka, haka ne. Badaru ya ce masa masara ce, haka ne. Bai san komai ba game da abin da ke ciki, bai kuma yi zargin komai ba. Nan Khamisu ya ƙi gyaɗa kai. Ya ce sani dai bai sani ba. Amma da ya ɗaga buhun farko ya ji yana sulɓi a kafaɗarsa, ba ya kwaramniya irin ta masara, zuciyarsa ta ɗan yi wani abu, sai ya ji kunyar ya ce wa mutum buɗe in gani, ya yi shiru ya loda. Ya ce a sa wannan. Hussaina ta cire gilashi ta goge. Ta ce masa, Baba, wannan maganar lauyan hukuma zai kama ta ya yi ta juyawa, tana iya sa a hana mu motar yau, tana iya cutar da mu a babbar shari'a. Ya ce to a bar rantsuwar. Shekara hamsin bai dafa ba, ba zai fara da rabin magana ba. Na so in mangare shi. Na sha wahala na kawo shi bakin rijiya, ga shi zai zubar da gugan da hannunsa. Amma na san fuskar nan tun tana cikin zanen goyo. Hussaina ma ta gane, ta fita ta sa aka sake bugawa, muka zauna a benci muna jira.

Rantsuwar kanta kuwa, kafin in gyara zamana an gama. Ya ɗora hannu, ya maimaita abin da aka ce, ya dangwala yatsa, dattijon ya buga hatimi ya ce na gaba. Khamisu ya tsaya yana duban silin. Zulfa ta ja hannun rigarsa ta ce Malam, mutane na jira.

Kwanakin da suka biyo baya gidan nan ba a huta ba. Ya hana a hura wuta kusa da danga, ya jera bokitan ruwa, in ya yi tari sai ya dubi Zulfa, in jika ya yi tuntuɓe sai ya ce an fara. Na ce masa abin da aka fara shi ne hauka, kuma ba daga rantsuwa ya zo ba, gado ne.

Ranar sauraron roƙon, lauyan hukuma ya yi daidai yadda Hussaina ta faɗa. Wani dogo ne mai murya, ya kama maganar buhun nan ya yi ta nanatawa da Turanci, ana juya mana, wai ga shi da bakinsa ya ce ya ji alama. Hussaina ta tashi ta ce jin alama daban, sani daban, kuma yau ba ranar yanke wannan ba ce, yau tambayar ita ce in an ba shi motar zai dawo da ita ko zai gudu. Mai shari'a, wata mace mai kama da ba ta taɓa dariya ba, ta sa Khamisu ya miƙe, ta tambaye shi wa ya ce ya sa maganar buhu a takarda. Ya ce babu. Ta ce lauyarsa ba ta gaya masa tana iya cutar da shi ba? Ya ce ta gaya masa. Ta dube shi ta saman gilashi, ta yi rubutu mai tsawo, sannan ta ce a ba shi motar ya riƙe kafin a gama shari'a, Alhaji Uwais ya tsaya masa, kada ya sayar, kada ya fenta, kada ya fitar da ita daga jihar, kuma in aka neme ta aka rasa shi da Alhajin za su amsa. Batun buhu kuma ta ce yana nan, za a zo kansa. Na so in yi guɗa, Zulfa ta danne mini gwiwa.

Fito da ita daga harabar ma aiki ne. Tayoyi a ƙasa, batir ya mutu, wata kyanwa ta haihu a kujerar direba. Aka kira mai faci, aka aro batir, jami'an nan da kansu suka tura ta har bakin titi, ɗaya yana cewa Baba a riƙa buɗe buhu. Khamisu ya ce in sha Allahu. Kuma yana buɗewa yanzu, har ƙullin kayana ya sa na kwance masa ran nan, ya ga daddawa da tsohon zane, na ce Allah Ya ƙara.

Bai dawo gida fanko ba. Daga can ya wuce kwata ya ciko ta, muka hau motar haya muka bar shi, don ni tsufana bai kai in zauna kan wannan kaya ba. La'asar sakaliya muka ji warin ya shigo gari, yara suka bi ta da gudu. Na fito na tsaya bakin gonata na gyara tsayuwa, tunda kowa ya san wa ya yi aikin. Ya zo daidai inda nake ya ɗaga mini hannu ya wuce. Ɗan filin Zulfa na bayan gari, inda take shuka gyaɗa da kuɓewa, can ya kai ya juye, ya baza mata da shebur da hannunsa. Nawa sai a lodi na huɗu ya zo, ana saura kaɗan ruwan shuka ya sauka. Da na yi ƙorafi ya ce, Gwaggo, ke baki kika sa, ita hannu ta miƙa. Shekara hamsin yaron nan bai mayar mini da magana ba sai ranar.

Ya yi kwana da kwanaki yana zirga-zirga tun asuba, bai kai wa kowa da kowa ba, wasu gonakin haka aka shuka su da yunwa, amma yawanci sun samu. Shari'ar kuwa tana nan. An zauna an ɗaga, an zauna an ɗaga. Hussaina ta ce maganar buhun nan har yanzu tana iya kai mu ko'ina, kada mu saki jiki. Khamisu ya ce motar yanzu amana ce a hannunsa, saboda haka yake wanke ta duk Juma'a, abin da bai taɓa yi ba lokacin da take tasa shi kaɗai. Kuma duk ranar zama sai ya kai ta kotu, ko ba a nema ba. Da yake ba ya iya zuwa birni ya dawo fanko, zaman da ya wuce sai da ya biya gonar kaji ya yi lodi tukuna, ya zo ya ajiye ta ƙarƙashin tagar mai shari'a, da rana tsaka. Ba a daɗe da zama ba aka aiko masinja ya gaya masa kotu ta gamsu motar tana nan, daga yau kada ya sake kawo ta sai an aika masa.